Tsakuwa a Takalmin Dama

A Sabha, idan aka ɗaga waya aka saita ta a fuskar baƙo irina, ba murmushi yake yi ba, hanyar gudu yake nema. Mu da muka zo daga kudu mun san hoto iri ɗaya ake ɗaukar mutum a garin nan ba da sonsa ba, wanda ake aika wa iyayensa yana durƙushe a wani ɗaki yana kiran uwarsa. Shi ya sa ranar da 'yar gidan da nake aiki ta shigo madafa da wata na'ura a hannu, ta ce in tsaya ta gwada a kaina, na saki ludayi cikin miya na shige bayan firji. Ni da girmana. Ta yi ta ba ni haƙuri, ni kuwa ina can maƙale tsakanin firji da bango ina karanto duk addu'ar da ta zo bakina, har da ta shiga kasuwa.

Daga Damagaram na zo, kuma ba neman arziki ya kawo ni ba. Ƙanena na biyo, autanmu. A gida ga-ruwa ne, tun yana saurayi yake saɓa sanda da garwa biyu yana zaga unguwa, har jikinsa ya saba. Ko ba ya ɗauke da komai haka yake tafiya, hannuwa a buɗe kamar yana riƙe da igiyoyin garwa, kafaɗa tana ɗan rawa. Ga kuma ƙafar hagu da yake jefawa gefe ya sharo ƙasa da ita kafin ya taka, irin ta mahaifinmu, Allah ya jiƙansa. Mukan tsokane shi mu ce, "Ga-ruwa, ina ruwan?" Ya ce ya zube a hanya.

Da ya zo Libiya neman aiki, duk Juma'a sai ya kira Inna, mahaifiyarmu. Sai wata Juma'a bai kira ba, wadda ta biyo ta ma haka. Ba a aiko mana da hoton kuka ba, ba a aiko da labarin mutuwa ba. Inna ta daina cin abincin kirki, ta koma kwana da waya a ƙarƙashin matashi. Ni ce babba, aurena ya mutu, babu mai riƙe ni. Na hau mota na biyo sawunsa.

Wata 'yar garinmu ta samo mini aikin girki da shara a gidan wasu 'yan ƙasa, mutanen Fezan, baƙaƙe wuluk kamar mu. Akwai tsohuwa a gidan, Hajiya, idonta ya kusa tafiya gaba ɗaya amma kunnenta ya fi na kowa. Ta ce kakarta daga ƙasar Hausa ayari ya kawo ta, ba da sonta ba, kuma a bakinta ta tsinci Hausar da take yi, wata tsohuwar Hausa mai daɗi da ko a Damagaram an daina jin irinta. Tun makon farko ta ce ta gane tahowata. "Ke kam ba ki bukatar sallama," in ji ta, "tun daga zaure nake jin kina share mana gida da ƙafa." Na ɗora laifin a kan silifas, don dama ba su da kirki, kullum na hagu ne ke fara cinyewa ya bar ɗan'uwansa sabo.

Jikarta ce mai na'urar. Abla nake ce mata, haka ake kiran malamai mata a nan, don tana koyar da zane a wata makaranta. Ita kuma Yaya take ce mini, Hajiya ce ta koya mata. In ta dawo daga aiki sai ta kulle kanta a ɗaki da kwamfuta tana haɗa fina-finai. Fim dai sunansa fim, amma ba jarumi, ba waƙa, ba wanda ya auri wani. Ta taɓa zaunar da ni na kalli rairayi yana zuba a kan gilashi, yana zuba, yana zuba, har shayina ya huce. Na ce, "Abla, wannan ko akuya aka kunna wa sai ta yi barci." Ta yi dariya har da hawaye. Ta ce abin da take bi shi ne yadda ido yake ganin rabin abu, kai ya ƙarasa masa sauran. Na ce to Allah ya ba da sa'a, ni dai tuwona yana kan wuta.

A watannin farko duk ranar da aka aike ni kasuwa sai na ɗan karkata, in nuna hoton ƙanena a waya. Na nuna wa masu turin baro, na nuna wa masu wankin mota, na nuna wa matan da ke sayar da abinci. Har wata rana wani dattijo mai shayi, mutumin Tawa, ya kira ni gefe yana goge kofi, bai ko dube ni ba.

Ya ce, "Ɗiyata, aje talhon ga cikin jikka. Wanda kin ka gwada ma hoton ga, ba ki san wa yaka kai ma labari ba."

Na ce, "Baba, ka san shi ke nan?"

Ya ce shi bai san kowa ba. Abin da ya ji dai, wasu masu bindiga sun kama samari sun kai su aiki wata gona a bayan gari, ba fita ba waya. Wani ga-ruwa a cikinsu ya ɓalle ƙofa, kuma maimakon ya gudu shi kaɗai sai ya tsaya ya fitar da kowa. Masu bindigar sun sha alwashi a kansa. "Shi kaɗai suka biɗa," in ji shi. "Ki ruhe huskarki, ki ruhe bakinki."

Daga ranar na goge hoton daga waya, na sayi nikabi. In na fita ba abin da ake gani sai idanu. Na ɗauka na ɓuya.

Ban daɗe da fara rufe fuska ba, ina dawowa da cefane, wata mota mai baƙin gilashi ta rage gudu ta jera da ni. Na ƙara sauri, ta ƙara. Gilashi ya sauka. Wani mutum ne da rawani har hanci, bakin bindiga yana leƙe a gefen kujerarsa. Ya yi mini magana da gurguwar Hausa.

"Ke, 'yar Nijar. Kai ne ɗan'uwan mai ruwa?"

Ya saki sitiyari ya buɗe hannuwansa, ya girgiza kafaɗa, ya kwaikwayi tafiyar ƙanena yana zaune. Na kusa sakin fitsari a tsaye.

"Mu ma muna nema," ya ce. "In ka gani, ka gaishe shi."

Duk maganar nan bai kalli idona ba, ƙasa yake kallo. Ya ja motarsa ya tafi. Tumatirin da na sayo ya watse a titi, ban tsaya tsinta ba. Na isa gida cikin zafin da ke narka kwalta, na gaya wa Hajiya da jikarta duk abin da ya faru, na yi ta tambayar kaina ta ina ya gane ni. Na yanke cewa wani cikin waɗanda na nuna wa hoto ne ya nuna ni. Abu ɗaya ya ɗan sanyaya mini rai: tunda suna nemansa, ba ya hannunsu.

To a cikin wannan hali ne Abla ta shigo mini madafa da na'ura. Bayan na fito daga bayan firji ta zaunar da ni ta nuna mini ita, 'yar ƙarama kamar sandar sabulu, da idanu a jere. Hausar Abla ba ta kai ta Hajiya ba, Larabci yana yawan faɗowa ciki.

Ta ce, "Yaya, kar tsoro. Wannan ba ya gani fuska, ba ya gani kala. Nisa bas yake aunawa. Ina sa shi ya aje mutum ɗigo-ɗigo, manya, ko uwarsa ba ya gane."

Duk da haka na ce ba da ni ba. Ta bar ni.

Ashe aikin da ta sa gaba a kan irinmu ne. Da safe ma'aikata 'yan kudu suna zama a bakin shataletale, kowa ya ajiye kayan aikinsa a gabansa don mai ɗauka ya san sana'arsa, wani shebur, wani guduma, wani burushin fenti. Mutanen gari suna wuce su kullum kamar ba mutane ba. Abla ta je ta roƙe su, ta nuna musu yadda na'urar take, ta rantse musu ba wanda zai gane kowa, suka yarda. Tana so ta haska su a wani ɗakin taro a cikin gari, ba fuska ba launi, ta ga ko idon da ya ƙi ganinsu da fuskarsu zai gan su a haka. Ta gwada wa ƙawayenta, ba wadda ta gane kowa. Za a kuma saki ɗan guntu a shafukan gari don mutane su zo.

Ana saura 'yan kwanaki a yi taron, ta ce za ta gwada fim ɗin a gida. Bayan azahar ne, lokacin da garin kan mutu don zafi. Aka ɗauke wuta kamar kullum, aka tayar da janareta. Muka toshe tagogin ɗakin baƙi da barguna, muka rataye wani babban farin ƙyalle da na sha wahalar gogewa. Hajiya ta sa aka kawo ta, wai ita ma za ta kalla da kunne. Abla ta kunna majigi.

Da farko ban ga komai ba sai ɗigo-ɗigon haske, kamar an watsa gero a baƙin tabarma. Har na buɗe baki zan yi tsiya. Sai geron ya motsa, kawai na ga mutum. Yana zaune, ya ɗaga hannu ya kori ƙuda. Na ga wani yana jujjuya guduma, wani ya sunkuya yana gyara takalmi, wani ya miƙe da sauri don mota ta tsaya, ya koma ya zauna a sanyaye don ba shi aka kira ba. Ba ido, ba hanci, amma na ga gajiyarsu ƙiri-ƙiri. Tsigar jikina ta tashi. Na ce a raina, yarinyar nan ashe ba wasa take yi a ɗaki ba.

Sai wani ya shigo daga hannun dama, ya ratsa ta gaban na zaune. Hannuwa a buɗe. Kafaɗa tana rawa. Ƙafar hagu ta fita gefe, ta sharo ƙasa, ta taka.

Ban san lokacin da na miƙe ba. Na kurma ihu na ce, "Tsayar! Abla, tsayar!"

Ta tsayar, sai ya ɓace. Ɗigon suna nan cak a jikin ƙyalle, amma ba kowa a ciki, gero ne kawai. Na ce, "Ina ya tafi? Sake shi!" Ta saki, sai ga shi ya dawo yana tafiya. Na ce ta tsayar in gan shi da kyau, ya sake watsewa. Muka yi ta haka, ina kuka ina dariya. In yana tafiya ƙanena ne, in an tsayar da shi ba kowa ba ne. Na je na shafa ƙyallen, hasken ya hau bayan hannuna.

Na ce, "Maido masa fuskarsa, Abla. Don Allah, ko sau ɗaya, in ga ko ya rame, in aika wa Inna."

Ta ce babu. Ba gogewa ta yi ba balle ta maido, na'urar ce tun farko ba ta ɗauka ba. Raina ya ɓaci, na hau ta da faɗa, na ce wane irin hoto ne ba fuska, wace irin na'urar banza ce wannan. Ni da na ɓuya a bayan firji don kada a ɗauki tawa. Ta share hawaye. Ta ce ba ya cikin waɗanda ta roƙa, wucewa kawai ya yi, kuma ba a fi 'yan makonni da ɗaukar ba, a shataletalen da ke hanyar Tamanhint.

'Yan makonni! Yana raye, yana tafiya da ƙafafunsa. Na faɗi na yi sujada a kan kafet ban ma duba alƙibla ba.

Ina ɗagowa Hajiya ta yi magana daga kusurwa, a hankali.

"'Yar nan, kin gane shi babu fuska?"

Na ce, "Hajiya, ko cikin dubu."

Ta ce, "To su masu nemansa fa?"

Na tuna mutumin mota ya saki sitiyari yana girgiza kafaɗa. Ƙasar nan maza da rawani suke yawo har hanci, mai bindiga tun daga nesa yake gane wanda ke tahowa ba tare da ya ga fuskarsa ba. Duk mun san haka, ni da Abla da ma'aikatan da suka yarda, amma tsoron hoton fuska ya cika mana ciki har ba wanda ya tuna da ƙafa. Ga bangon shataletalen a fim ɗin, ga turakun fitila, duk ɗan gari zai gane wurin. In guntun nan ya fita a waya, an nuna musu inda yake ratsawa da safe.

Washegari da sassafe Abla ta ɗauke ni a 'yar motarta muka je. Na kwanta a kujerar baya ina leƙe ta gefen gilashi. Na ga masu shebur, na ga masu guduma, ban gan shi ba. Sau nawa hannuna yana kai wa marfin ƙofa in fita in tambaya, tsoro yana dawo da shi. Abla ta fita ta tambaya, kowa ya ce bai san wani mai irin wannan tafiya ba, kuma ban ga laifinsu ba. Ta koma wasu safiyoyin ita kaɗai, shiru.

Ta ce za ta fasa taron gaba ɗaya. Na zaune za ta iya ƙara watsa ɗigonsu har motsinsu ya sauya, amma shi ya ratsa tsakiyar wurin da ya fi kyau a fim ɗin, in an cire shi sai giɓi. Na dubi yarinyar nan da ta yi watanni ba ta barcin kirki, tausayinta ya kama ni, ga kunyar faɗan da na yi mata. Na ce, "Cire shi ki sa ni a wurinsa. Mace cikin hijabi ai buhu ne mai tafiya, wa zai gane buhu?"

Haka aka yi. Na sa dogon hijabina da nikabi, yadda nake fita kasuwa, na ratsa tsakar gida daga bakin madafa zuwa gindin dabino, na'urar tana kallona. Muka koma ɗakin baƙi, ta haska.

Ga buhu nan kuwa ya shigo, har na fara dariya. Sai na ga gefen hijabin ya harba waje. Ƙafar hagu ta fita gefe, ta sharo ƙasa, ta taka. Ta sake fita, ta sharo, ta taka.

Na ce, "Abla, kin haɗa da nasa ne?"

Ta girgiza kai. "La, Yaya. Wannan ke ne."

Hajiya ta ce, "Ni ba tun zuwanki nake faɗa miki ba?"

Ban taɓa ganin tafiyata ba. Wa ya taɓa ganin tasa? Na san fuskata a madubi, na san ta Baba a ƙafar ƙanena, ban san ina ɗauke da ita ba. Sai yanzu na gane abin da mutumin mota yake kallo a ƙasa. Ba wanda ya nuna ni. Na rufe fuska ruf, ina yawo a kasuwa ina shelar ko 'yar gidan wa ce da ƙafata. Kuma tunda sun san ni, me zai hana su bi ni a hankali har in kai su inda yake? Na tuna hannuna a marfin ƙofar mota a shataletale. Da na fita ranar nan na taka ko taku kaɗan, ga masu kai labari ko'ina. Na zauna daɓas a ƙasa. Ban taɓa jin tsoro irin na ranar ba, ko a sahara da motarmu ta mutu.

Abla ta ce za ta ɓoye nasa a kwamfutarta, ko ta sa mini a waya in riƙa kallo. Wallahi na so. Shi ke nan abin da nake da shi, na goge hotonsa da hannuna tun tuni. Amma waya ana bincika ta a kowace bawaba, shingen da masu bindiga ke tare mutane, kwamfuta kuma ana sacewa, ana ƙwacewa. Na ce a'a, a goge, nasa da nawa duka.

Na roƙi ta bar ni in kalla tukuna. Ta kunna ta bar ɗakin. Ya shigo daga dama, ya ratsa, ya fita ta hagu, ya sake shigowa. Na kalla har aka kira la'asar. Na lura kafaɗarsa ta dama ta ɗan fi sauka fiye da da, na lura akwai wani abu a hannunsa kamar leda, na yi ta addu'a Allah ya sa abinci ne. Da Abla ta dawo ta nuna mini inda zan danna, ta ce ita ba za ta iya ba. Na yi bisimilla na danna. Ƙyallen ya koma fari fat.

Ranar Juma'a na kira Inna. Na ce, "Inna, na gan shi."

Na ji numfashinta ya ɗauke. "Ina shi? Ba shi talho in ji muryatai."

Na ce ba ma tare, daga nesa na gan shi, kuma ba zan iya zuwa wurinsa ba yanzu. Ta ce in aiko mata hoto. Na ce babu hoto.

Sai ta ce, "Mi kika gani to?"

Na ce, "Tafiyarsa na gani, Inna."

"Yana jan ƙafar nan ta ubanku?"

"Yana ja."

Ta fashe da kuka, tana cewa shi ne, shi ne, Alhamdu lillahi. Daga baya aka gaya mini ranar ta ci tuwo har da ƙari.

Hajiya ce ta ba ni dabarar tsakuwa. Ta sa aka sayo mini takalmi sau-ciki, ta laluba gindin dabino ta zaɓo wata 'yar tsakuwa mai tsini, ta ce in riƙa sa ta a takalmin dama in zan fita. In dama tana ciwo, hagu ba ta da sukunin yawo gefe, sai ta yi saurin tarar nauyin jiki. Na gwada a tsakar gida, Hajiya ta kasa kunne. Ta ce, "Madalla. Yanzu ban san wace ce ke tahowa ba."

Da tsakuwar a takalmi na je taron. Mutane sun cika ɗakin, malamai da ɗalibai da masu zuwa kallo don babu wani abin kallo a gari. Na tsaya can baya wajen ƙofa ina duba kowane mai rawani. Abla ba ta cike giɓin da komai ba. Da aka zo wurin, ɗigon suka ɗauke, ɗakin ya yi baƙi ƙirin daidai tsawon lokacin da ya ɗauka ya ratsa. Mutane suka ɗauka wuta ce ta tafi, wasu suka yi tsaki, wasu suka kunna fitilar waya. Ni kuwa na bi shi da ido cikin duhun nan tun daga dama har ya fita ta hagu. Sai ɗigon suka dawo, aka ci gaba da kallo.

Har yanzu ina Sabha, ina gidan. Hajiya ta rasu bara, Allah ya gafarta mata. Ban sake ganin motar nan ba, ko kuwa ta wuce ni ba ta gane ni ba, ban sani ba. Tafin ƙafata ta dama ya yi kanta, sai na riƙa sauya tsakuwar da wadda ta fi tsini. Ƙanena bai kira ba tukuna. Mai shayi ya ce mai gudun irin mutanen nan ba ya riƙe waya, kuma rashin labari a garin nan ba mugun labari ba ne.

Abin da ke ci mini rai shi ne, shi ma bai san na zo ba. In Allah ya sa muka haɗu a hanya, fuskata a rufe take, ba zan iya kiransa a cikin mutane ba. Abu ɗaya zai gani ya waiwaya ya ce waccan ƙafar gidanmu ce, shi ne kuma nake kashewa kullum da hannuna. Wataƙila ma ya taɓa tahowa ta bayana a kasuwa, ya ga wata mata tana ɗingishi, ya kauce mata ya wuce.

Duk safiyar da za a aike ni, nakan tsaya a zaure da tsakuwar a tafin hannuna, in daɗe ina juya ta. Sannan in sunkuya in jefa ta a takalmin, in buɗe ƙofa in fita.